Fashin Baƙi: Yadda Jarrabawar Ƙarin Girma a Bankunan Indiya Ke Kai Ma'aikata Gaban Kotu

Jarrabawar ƙarin girma ta cikin gida ita ce gwajin da banki ke shirya wa ma'aikatansa domin tantance waɗanda za su hau mataki na gaba. A bankunan gwamnatin Indiya wannan gwaji ne ke raba akawu da jami'i, kuma shi ke raba ƙaramin jami'i da manajan reshe. Albashi da alawus da fansho da garin da za a tura mutum aiki duk suna rataye a kan sakamakonsa. Wanda ya faɗi a bana yana iya wayar gari yana karɓar umarni daga wanda shi ya koya wa aiki.

Wannan ne ya sa ƙararrakin ƙarin girma suka zama babi mai zaman kansa a shari'ar aikin gwamnati a ƙasar. Cikin shekaru kusan hamsin, Kotun Ƙolin Indiya ta yanke hukunce-hukunce da suka fayyace abin da banki ke da ikon yi da abin da ma'aikaci ke da haƙƙin nema.

Tushen lamarin

A ranar 19 ga Yulin 1969 gwamnatin Indira Gandhi ta mayar da manyan bankunan kasuwanci 14 mallakar gwamnati, sannan aka ƙara wasu shida a 1980. Tun kafin nan, a 1955, an kafa State Bank of India a madadin Imperial Bank of India. Bayan haɗe-haɗen da aka kammala a watan Afrilun 2020, bankunan gwamnati sun koma 12.

Akwai kuma bankunan karkara na yankuna, waɗanda aka fara kafawa a 1975 aka yi musu doka a 1976. Gwamnatin tarayya na da kashi 50 cikin ɗari na hannun jarinsu, bankin da ke ɗaukar nauyin kowannensu na da kashi 35, gwamnatin jiha kuma na da kashi 15. Da yawa daga cikin fitattun shari'o'in ƙarin girma daga waɗannan ƙananan bankuna suka taso.

Mallakar gwamnati ita ce ta buɗe ƙofar kotu. Kotuna na ɗaukar bankin gwamnati a matsayin wani reshe na hukuma a ƙarƙashin sashe na 12 na kundin tsarin mulkin ƙasar. Saboda haka sashe na 14, mai tabbatar da daidaito a gaban doka, da sashe na 16, mai tabbatar da daidaiton dama a aikin gwamnati, sun hau kansa. Ma'aikacin da ya ga an zalunce shi na iya zuwa Babbar Kotun jiharsa kai-tsaye a ƙarƙashin sashe na 226, ya nemi ta soke matakin da aka ɗauka.

Ma'aikacin banki mai zaman kansa ba shi da wannan gajeriyar hanya. A shari'ar Federal Bank da Sagar Thomas ta 2003, Kotun Ƙoli ta ce kasancewar babban bankin ƙasa na sa ido a kan banki bai mayar da shi hukuma ba, don haka rikicinsa da ma'aikacinsa ba ya shiga ƙarƙashin irin wannan ƙara.

Yadda jarrabawar take

Ma'aikatan bankunan sun kasu gida uku: ƙananan ma'aikata irin su masinjoji, sai akawuna, sai jami'ai. Su kuma jami'ai a al'adance suna da matakai bakwai, daga ƙaramin jami'i a mataki na 1 zuwa janar-manaja a mataki na 7.

Tsallakawa daga akawu zuwa jami'i kan bi yarjejeniyar da banki ya ƙulla da ƙungiyar ƙwadago, irin yarjejeniyar da Dokar Rikicin Ma'aikata ta 1947 ta ba ƙarfin doka. Ƙarin girma a tsakanin jami'ai kuwa yana bin ƙa'idojin aiki, waɗanda akasarinsu aka tsara a 1979, tare da manufar ƙarin girma da hukumar gudanarwar kowane banki ke amincewa da ita.

Galibi akan tara maki daga wurare huɗu: rubutacciyar jarrabawa, wadda yanzu ake yi a kwamfuta, rahoton ƙwazo na shekara-shekara, ganawar baki da baki da kwamitin tantancewa, sai ƙarin maki ga masu takardun ƙwarewa na JAIIB da CAIIB, waɗanda cibiyar horar da ma'aikatan banki ta Indiya ke bayarwa. Wasu matakan kuma na buƙatar mutum ya yi wasu shekaru a reshen karkara.

Bankuna da dama na miƙa shirya rubutacciyar jarrabawar ga cibiyar IBPS da ke Mumbai, wadda ta zama mai cin gashin kanta a 1984. A 2019, a shari'ar Rajbir Surajbhan Singh, Kotun Ƙoli ta ce cibiyar ba hukumar gwamnati ba ce, kuma shirya wa bankuna jarrabawa ba aikin hukuma ba ne da zai sa a kai ta ƙara ta hanyar sashe na 226. Shari'ar ta shafi ɗaukar sababbin ma'aikata ne, amma ta nuna cewa mai ƙorafi ya fi samun madafa idan ya fuskanci bankin da ya ɗauke shi aiki.

Daɗewa ko ƙwazo

Babbar taƙaddamar da aka fi yi ita ce a kan wanda zai riga wani: wanda ya fi daɗewa a aiki ko wanda ya fi maki. Dokokin aiki a Indiya sun san tsari biyu. A na farko daɗewa ce kan gaba, cancanta na biye. A na biyu cancanta ce kan gaba, daɗewa kuwa ba ta aiki sai inda maki ya zo daidai.

Hukuncin da ya zama madogara shi ne na shari'ar B.V. Sivaiah ta 1998, wadda ta haɗa ƙararraki daga bankunan karkara da dama. Alƙalai uku sun bayyana cewa inda doka ta sa daɗewa a gaba, aikin banki shi ne ya gindaya mafi ƙarancin cancantar da aikin ke buƙata. Duk wanda ya kai wannan ma'auni, sai a jera shi bisa daɗewarsa, ko da na ƙasa da shi ya fi shi maki.

A ɗauka gurabe goma ne, masu nema talatin, mafi ƙarancin maki kuma 50. Idan mutum ashirin suka haye, goman da suka fi daɗewa a cikinsu ne za su samu. Mai maki 90 da ya shigo aiki a baya-bayan nan zai jira, mai maki 55 da ya riga shi zai wuce. A tsari na biyu kuwa, masu maki mafi yawa su goma ne za su samu.

Wasu bankunan sun riƙa kiran tsarinsu na daɗewa, alhali a aikace jera mutane suke yi bisa yawan maki. A shari'ar Harigovind Yadav da bankin karkara na Rewa Sidhi ta 2006, Kotun Ƙoli ta ce manufar da ba ta gindaya mafi ƙarancin ma'auni ba, ta kuma ɗauki masu maki mafi yawa, ta saɓa wa ƙa'idar. A 2009, a shari'ar Rajendra Kumar Srivastava, kotun ta tabbatar da ikon banki na gindaya mafi ƙarancin maki, amma ta ja kunne cewa idan aka ɗaga shi sama ainun da nufin kawar da amfanin daɗewa, kotu na iya soke shi.

Sauya ƙa'ida bayan an fara

Ƙorafi na biyu shi ne sauya sharuɗɗa bayan masu nema sun riga sun zauna jarrabawa. A shari'ar K. Manjusree ta 2008, wadda ta shafi ɗaukar alƙalai a jihar Andhra Pradesh, an ƙirƙiro mafi ƙarancin makin ganawar baki da baki bayan an kammala ganawar. Kotun Ƙoli ta soke hakan.

A ranar 7 ga Nuwamban 2024 alƙalai biyar suka ƙarfafa wannan matsayi a shari'ar Tej Prakash Pathak. Sun ce ba a sauya sharuɗɗan shiga jerin waɗanda aka zaɓa a tsakiyar tafiya, sai idan dokokin da ke aiki ko sanarwar farko sun ba da dama, kuma ko a nan dole sauyin ya tsira daga son zuciya. Duka shari'o'in biyu a kan ɗaukar aiki ne, sai dai ma'aikatan banki na kafa hujja da su a duk lokacin da aka taɓa rabon maki bayan fitar sanarwa.

Akwai wani shinge da ke gaban mai ƙara. A shari'ar Madan Lal ta 1995, kotu ta ce wanda ya shiga gwaji da sanin sharuɗɗansa, ya gwada sa'arsa, ba zai juyo ya soki tsarin ba don kawai sakamako bai yi masa daɗi ba. An sassauta wannan a 2019 a shari'ar Meeta Sahai, inda kotu ta ce shiga gwaji amincewa ce da tsarin da doka ta shimfiɗa, ba ta haɗa da amincewa da karya dokar ba.

Rahoton da ma'aikaci bai gani ba

Shekaru da yawa rahoton ƙwazo na shekara sirri ne, ba a sanar da ma'aikaci sai idan an rubuta masa mummunan abu. Wani injiniya mai suna Dev Dutt ya rasa ƙarin girma saboda a shekara ɗaya an rubuta masa cewa aikinsa na da kyau, alhali ma'aunin hawa shi ne aiki mai kyau ƙwarai. Ba a taɓa faɗa masa ba, domin a ganin hukumarsa kalmar yabo ce.

A 2008 Kotun Ƙoli ta ce makin da ya hana mutum hawa ya cutar da shi, kowane suna aka ba shi. Ta umarci a riƙa sanar da ma'aikaci duk abin da aka rubuta a rahotonsa cikin lokaci, a kuma ba shi damar neman a ɗaga makin a gaban wanda ya fi marubucin rahoton muƙami. Alƙalai uku sun tabbatar da hakan a shari'ar Sukhdev Singh ta 2013. Hukuncin ya shafi hukumomi da kamfanonin gwamnati, ban da rundunar soja, don haka bankunan gwamnati na cikinsa.

Rufaffen ambulan

Idan ma'aikaci na fuskantar tuhumar ladabtarwa ko shari'ar laifi a lokacin da ake tantancewa, akan bar shi ya shiga, amma a rufe sakamakonsa a ambulan har sai an gama. Idan an wanke shi sai a buɗe, a ba shi matsayinsa daga ranar da ya cancanta.

Tambayar da ta jawo ƙararraki ita ce yaushe za a ce tuhuma ta fara. A shari'ar K.V. Jankiraman ta 1991, Kotun Ƙoli ta ce sai an miƙa wa mutum takardar tuhuma a hukumance. Binciken share fage bai isa ba, domin irin wannan bincike kan ɗauki shekaru ba tare da ya kai ko'ina ba. A wannan hukuncin ne kuma kotu ta nanata cewa haƙƙin ma'aikaci shi ne a duba cancantarsa bisa adalci, ƙarin girman kansa ba dole ba ne.

An aiwatar da ƙa'idar a kan banki a shari'ar Bank of India da Degala Suryanarayana ta 1999. Jami'in ya cancanci hawa daga 1 ga Janairun 1986, kuma a lokacin da kwamiti ya zauna babu tuhumar ladabtarwa a kansa. Sai a ƙarshen 1991 bankin ya fara tuhumarsa. Kotu ta ce tuhumar da ta zo daga baya ba za ta ƙwace abin da ya riga ya samu ba, duk da cewa ta bar hukuncin ladabtarwar da bankin ya yanke masa.

Kason al'ummomin da aka danne

Indiya na ware kashi 15 cikin ɗari na guraben aikin gwamnatin tarayya ga al'ummomin da tsarin rarrabe jama'a bisa asali ya danne, waɗanda aka fi sani da Dalit, da kashi 7.5 ga ƙabilun asali. A shari'ar Indra Sawhney ta 1992 Kotun Ƙoli ta ce kason bai shafi ƙarin girma ba. Majalisa ta mayar da martani da gyaran kundin tsarin mulki na 77 a 1995, wanda ya ba gwamnati ikon ware kaso a ƙarin girma. Gyara na 82 a shekarar 2000 ya halatta sassauta musu makin cin jarrabawa. A shari'ar M. Nagaraj ta 2006 kotu ta amince da gyare-gyaren bisa wasu sharuɗɗa, ciki har da nuna da alƙaluma cewa al'ummomin ba su da isasshen wakilci.

A bankuna ana aiki da kason wajen hawa daga akawu zuwa matakin farko na jami'ai. Ƙungiyoyin ma'aikata 'yan waɗannan al'ummomi sun nemi a faɗaɗa shi zuwa manyan matakai, kuma Babbar Kotun Madras ta ba su gaskiya. Bankunan, ƙarƙashin jagorancin Central Bank of India, suka ɗaukaka ƙara. Duk da sunansa, wannan bankin kasuwanci ne. Babban bankin ƙasar shi ne Reserve Bank of India.

A watan Janairun 2015 Kotun Ƙoli ta ce takardun umarnin gwamnati ba su tanadi kaso ba a ƙarin girman da ake yi bisa zaɓe a tsakanin jami'ai, rangwame kawai suka tanada. Sai dai wani sakin layi a hukuncin ya nuna kamar akwai kaso har zuwa mataki na 6. Gwamnati da bankuna suka nemi bita, kuma a watan Janairun 2016 kotun ta amsa cewa kuskure ne, ta goge wurin. Ta bar wa gwamnati da bankunan shawarar ko za su samar da kason, tana mai cewa kotu ba ta tilasta musu.

Amsoshi da sake duba takarda

Wasu ƙararrakin a kan tambayoyin jarrabawar ne kansu. Tun a shari'ar Jami'ar Kanpur da Samir Gupta ta 1983 aka kafa cewa ana ɗaukar amsar masu shirya jarrabawa daidai ce, sai an nuna kuskurenta ƙarara yadda babu masanin fannin da zai yarda da ita. A shari'ar Ran Vijay Singh ta 2017 kotu ta hana alƙalai zama masu gyaran takarda, ta kuma ce inda aka yi kokwanto a bar wa hukumar jarrabawa.

Ganin takarda kuwa ya sauƙaƙa bayan Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2005. A 2011, a shari'ar Aditya Bandopadhyay, kotu ta ce ɗalibi na da ikon duba takardar amsarsa da aka yi wa maki. Duba takarda daban, sake yi mata maki daban: na biyun sai inda ƙa'idojin jarrabawar suka yarda.

Abin da kotu ke iya bayarwa

Ko mai ƙara ya yi nasara, da wuya kotu ta ɗora shi a kujera da kanta. A shari'ar State Bank of India da Mohd. Mynuddin ta 1987, Babbar Kotu ta umarci bankin ya ƙara wa wani jami'i girma. Kotun Ƙoli ta rushe umarnin, ta ce idan an sami aibu a tantancewa, abin da ya dace shi ne a umarci banki ya sake duba lamarin bisa ƙa'ida, domin alƙali bai fi kwamitin sanin wanda zai iya riƙe reshe ba.

Idan sake dubawar ta yi kyau, akan ba ma'aikaci matsayinsa daga ranar da na ƙasa da shi ya hau, a gyara masa lissafin albashi da fansho. Biyan bashin albashin shekarun da suka wuce ya danganta da yanayin kowace shari'a.

Jinkiri na kashe ƙara. A shari'ar P.S. Sadasivaswamy ta 1974 kotu ta ce wanda aka tsallake ya kamata ya zo cikin wata shida, ko shekara ɗaya idan ta yi yawa. Dole kuma ya sa waɗanda suka samu ƙarin girman, ko wakilansu, cikin ƙarar, tunda hukuncin na iya shafar kujerunsu.

Yadda abin yake a Najeriya

Najeriya da Indiya sun gaji tsarin shari'ar Ingila, amma hanyar ma'aikacin banki ta bambanta. Manyan bankunan kasuwanci a Najeriya na 'yan kasuwa ne, kuma alaƙarsu da ma'aikata ta kwantiragi ce. Takardar ɗaukar aiki da littafin ƙa'idojin ma'aikata su ne abin da kotu ke fara dubawa. Kotunan ƙasar sun daɗe a kan cewa ƙarin girma gata ne da ake samu ta hanyar cancanta, ba a tilasta wa mai ɗaukar aiki ya bayar.

Gyara na uku ga kundin tsarin mulkin 1999, wanda aka yi a 2010 ya fara aiki a watan Maris na 2011, ya ba Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ikon sauraren dukkan rikicin aiki ita kaɗai a ƙarƙashin sashe na 254C. Sashen ya ba ta ikon duba rashin adalci a wurin aiki da nuna bambanci, tare da amfani da ƙa'idojin ƙwadago na ƙasa da ƙasa. Ta wannan ƙofa ce ma'aikacin da ya ci gwajin cikin gida aka hana shi hawa saboda jinsi ko addini ko ƙabila ko shiga ƙungiyar ƙwadago zai iya neman haƙƙinsa.

A shari'ar Skye Bank da Iwu ta 2017, Kotun Ƙolin Najeriya ta ce ana iya ɗaukaka ƙara daga Kotun Ma'aikata zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara: kai-tsaye a batun haƙƙin ɗan Adam da na laifi, da izinin kotu a sauran batutuwa. A ƙararrakin da ba na laifi ba, hukuncin Kotun Ɗaukaka Ƙara shi ne na ƙarshe.

Manyan ma'aikatan banki na da ƙungiyar ASSBIFI, ƙanana kuma na da NUBIFIE. A Najeriya kamar a Indiya, ƙarar ƙarin girma kan tsaya ne a kan takardu: sanarwar jarrabawar, manufar ƙarin girma da ke aiki a ranar, rahotannin ƙwazo, da kwafin koken da ma'aikaci ya rubuta wa bankinsa tun kafin ya nufi kotu.